Godiya ga waɗanda suka zo kallon fim ɗinmu na gidan yari

Assalamu alaikum 'yan uwa. Alhamdulillah an yi taro an tashi lafiya, jiya aka haska fim ɗin a Kano karon farko kuma wallahi yadda ɗakin ya cika har wasu a tsaye suka kalla ya sa na kasa yin bacci sai da na rubuta wannan.

Godiyata ta farko ga mutanen ciki ce, waɗanda suka yarda kyamara ta ɗauki maganarsu, wasu suka ce a rufe musu fuska saboda 'ya'yansu mun rufe, wasu suka ce a bari duniya ta gansu. Na daɗe ina aikin gandiroba, ni ke ƙirga su safe da yamma ni ke kulle sel, to da na ajiye kaki na dawo da kyamara da izinin hukuma sai ga mutumin da nake ƙirgawa a matsayin lamba yana ba ni labarin gonarsa da yadda aka ɗage shari'arsa har ya daina tambayar ranar kotu. Saboda irinsu na yi fim ɗin nan, 'yan jiran shari'a, waɗanda a gidajen yarin Najeriya sun kai kusan kashi biyu cikin uku na duk wanda ke tsare alhali alƙali bai ce sun yi laifi ba. An sa hannu a wata doka a 2019 an canza sunan hukumar gidajen yari zuwa hukumar gyaran hali, dokar ta kawo hukuncin da ba na ɗauri ba kamar aikin al'umma, amma muddin fayil yana kwance ba a kai shi gaban kotu ba cunkoso ba zai ragu ba, wannan ra'ayina ne kuma a gaban kowa zan faɗa.

Hajiyarmu da ta yarda muka ɗauke ta a bakin get, Allah ya saka miki da aljanna Mama. Wurin da kika buɗe kula kika ɗanɗana tuwon kafin a shigar wa ɗanki kamar yadda ƙa'ida take, hannunki yana rawa, nan ɗakin ya yi tsit sai sheshsheka.

Abokan aikina na da, ranku ya daɗe, na san wasunku sun ji tsoro ko tonon silili zan yi, kun ga dai har wahalarku na nuna, dutin dare da ƙarancin ma'aikata da rakiyar marar lafiya asibiti. Yaron da ya yi mana editin ba ya ƙorafi ko an ɗauke wuta, da maiɗakina da ta yi haƙuri da kuɗin fanshon da suka tafi a kayan aiki, Allah ya biya ku.

Sai bayin Allah da suka tashi bayan an gama suka ce za su biya wa wasu tara. Kada ku raina abin, a Nuwamba 2023 gudummawar naira miliyan 585 aka haɗa aka biya wa mutum 4,068 tara da diyya domin a sallame su, kuma har yanzu akwai waɗanda kuɗin da ya tsare su bai kai na buhun masara ba.

Lauyoyin da suka yi alkawarin duba fayil kyauta, dan Allah ku turo min saƙo cikin satin nan, sunayen waɗanda ke tsare suna hannuna kuma iyayensu suna ta kira. Na gode, Allah ya bar zumunci.