Mujalla ɗaya, aji guda

Jiya mai ƙosan layinmu a Tudun Wada ta naɗe min ƙosai a yagaggen shafin wata tsohuwar mujallar yara. Mai ya jiƙa rabinsa, amma zanen na nan: yaro da gajeren wandon kaki, ƙafa futu-futu, yana gara tayar keke da kara. Wallahi mu ne sak a shekarun 1980!

Lokacin mujalla ɗaya sai ta zagaye aji kaf, ta dawo ba bango. Wanda Turancin ya gagara sai ya bi hotuna ya shirya nasa labarin, kuma sau tari nasa ya fi daɗi. Motocin ciki kuwa da gwangwanin madara muke ƙera su, tayoyin da tsohon silifa.

'Yan ajinmu, wa ke da ragowar kwafi a akwati? Ko aro ne ina so.