Tarihin Rayuwata, Kashi na 14: Kanwar Baffa

Makon jiya na tsaya a inda Baffa ya damƙa min makullin tirela. Na so yau in ba ku labarin zuwana Legas na farko, amma daren jiya na yi tuntuɓe da bulon da ke ƙarƙashin ƙafafun gadona, sai maganarsa ta faɗo min: "Namiji ba ya kukan ƙwannafi. Jiƙa kanwa ka sha."

Shekara sama da 20 ina jiƙa kanwa. Mu tsaya a Mokwa ko Jebba wajen ƙarfe 11 na dare, in ci tuwo da miya jawur da yaji, in bi da shayi mai kauri, in kunna sigari, in shimfiɗa tabarma ƙarƙashin mota. Kafin asuba wani ruwa mai tsami ya taso min har maƙogwaro, ƙirjina kamar an zuba garwashi. In na yi tari Baffa ya ce, "Yaro, ƙoshi ne." Allah ya jiƙansa, shi ya mai da ni mutum, amma wannan maganar ta cuce ni.

Uwargida ce ta tsaya kai da fata, bayan ranar da loma ta tsaya min a ƙirji gaban surukai. A asibiti aka zura min siririn bututu mai kyamara ta baki, aka ɗan tsinko naman wurin aka kai gwaji. Likitar, wadda ba ta wuce sa'ar 'yata ta fari ba, ta zana min a takarda. "Baba, tsakanin bututun abinci da tumbi akwai wata ƙofa. Taka ta saki, ruwan tsamin ciki yana ta hawowa yana ƙona wurin, har fatar ƙasan bututun ta rikiɗe ta koma irin ta hanji." Sunan abin Barrett, sunan wani likitan fiɗa ne da ya yi rubutu a kansa a Landan a 1950. Ta ce ba cutar kansa ba ce, wato ciwon daji, kuma yawancin masu shi ba ya zame musu kansa, amma hanyarta ce, dole a sa ido. An fi ganinsa ga maza da suka haura 50, masu teɓa da masu shan taba. Duk ukun na haɗa.

Na tambaye ta kanwa fa? Ta ce tana kashe zafin na ɗan lokaci, amma ƙofar tana nan a sake. Nan na ji haushin Baffa, na kuma ji kunyar jin haushin mamaci.

Yanzu kullum ina haɗiyar omeprazole, maganin rage ruwan tsamin ciki, rabin awa kafin karin kumallo. Ba na kwanciya sai abinci ya yi awa 3 a cikina, an ɗaga kan gado da bulo, sigari na bari. Za a sake leƙawa da kyamarar bayan shekara 3. Yaya Babba, wanda bai taɓa zuwa duba ni ba, har yau cewa yake asibiti sun mayar da ni rago. Shi ma da ƙullin kanwa yake yawo a aljihu, na kuma faɗa masa sau biyu.

Rannan na ji yaron motata yana tarin nan na asuba, har bakina ya buɗe da maganar Baffa, na haɗiye ta. Na ba shi kuɗin mota na ce gobe ya je asibiti.

Mako mai zuwa, in Allah ya kai mu, sai gadar Jebba da daren da birki ya tsinke mana.