Kishiyar uwa a finafinan Kannywood

Jiya da dare muna kallon wani fim a gidanmu nan Mabera, sai ga kishiyar uwa ta tafi wurin boka don ta raba yaro da ubanshi, wallahi raina ya ɓaci. Kullum haka ake nuna ta, muguwa, agola kamar bawa, 'yan uba ba sa ga maciji.

Ni fa Inna ce ta raine ni bayan rasuwar mahaifiyata, ita ta kai ni islamiyya, ita ta kwana da ni asibiti sadda ƙyanda ta kama ni, ban taɓa jin ta ce min ɗan kishiya ba. Eh akwai azzalumai, na sani. Amma jiya Inna na zaune gefena, ba ta ce uffan ba har fim ɗin ya ƙare.