Ranar da Malam ya ce min "kowa ɗin nan a wane ƙarni ya rayu?"

Muna aji uku a jami'a aka ba mu wani kwas na tarihin daular Rum, kowa da taken da zai gabatar a gaban aji, ni nawa ya faɗo kan addinin Mithras, wani abin bauta na zamanin Rumawa, da asalin bikin Kirsimeti. Wallahi har murna na yi, don a ganina abu ne da na riga na haddace, duk Disamba sai an turo mana shi a guruf ɗin WhatsApp, wai Mithras ran 25 ga Disamba aka haife shi, wai budurwa ce ta haife shi, wai almajiransa 12, Kiristoci suka zo suka kwafe komai. Dare ɗaya na haɗa shafi huɗu, na kai wa mai kwamfuta ya buga min, na shigo aji ina ji da kaina.

Ban yi minti biyar ina magana ba Malam ya ɗaga hannu. Ya cire tabarau ya goge da bakin rigarsa, shi dama in ya yi haka to ka shiga uku, ya ce "ɗana, wannan ranar haihuwa da ka ba Mithras, wane rubutu ne na zamaninsu ya faɗe ta?" Na ce Malam ai kowa ya sani. Ya ce "to kowa ɗin nan a wane ƙarni ya rayu?" Aji ya kwashe da dariya, ni kuwa gumi har cikin singileti. Sati biyu ya ba ni in koma in dawo.

Abin da ya fara ɗaure min kai a laburare shi ne mabiya Mithras ba su bar wani littafi da ya iso gare mu ba. Addinin sirri ne, na maza zalla, da yawansu sojoji, ya yi tashe daga ƙarshen ƙarni na 1 zuwa na 4. Abin da suka bari ɗakunan ibada ne ƴan ƙanana kamar kogo, irin wanda aka tono a Landan a 1954 da wanda ke ƙarƙashin cocin San Clemente a birnin Rum, da rubuce-rubuce kan duwatsu, sai hoton nan da ba ya canzawa na Mithras ya danne bijimi yana caka masa wuƙa. Maganar budurwa kuwa, su a sassaƙe-sassaƙensu daga cikin dutse ya ɓullo, wuƙa a hannu ɗaya, wuta a ɗayan. Kuma duk cikin duwatsun nan babu inda aka rubuta 25 ga Disamba.

To daga ina ranar ta fito? Akwai wata kalanda da aka rubuta a Rum a shekarar 354, ita ce ta sa a 25 ga Disamba cewa ranar haihuwar Invictus ce, da tseren keken doki har 30. Invictus kirari ne, ma'anarsa wanda ba a cin galaba a kansa, ana yi wa Sol allan rana na Rumawa wanda sarki Aurelian ya gina wa haikali a 274, ana kuma yi wa Mithras. Nan aka samu cakuɗewar. Kamar ka ji an ce "ranka ya daɗe" a gida biyu sai ka ɗauka sarki ɗaya ne. Bikin Sol na gwamnati ne, a fili gaban jama'a, su kuma mutanen Mithras a ɓoye suke nasu. Manyan masana na da, irin su Franz Cumont ɗan Beljiyam, sun haɗa Sol da Mithras wuri guda, daga baya na bayansu suka warware, amma mu a WhatsApp har yau muna kan tsohon zance.

Wani abin mamaki, a cikin wannan kundin na 354 ɗin dai aka samu jerin da ya ce an haifi Almasihu a Baitalami ran 25 ga Disamba, kuma masana na ganin jerin ya koma wajen 336. Ka ga shaida biyu mafi tsufa a littafi ɗaya suke kwance, wa ya riga wa, sai a yi ta ja.

Sai kuma ɗaya bayanin da ban taɓa ji ba, na lissafi. Wasu Kiristocin farko sun ɗauki 25 ga Maris a matsayin ranar gicciye Almasihu, aka zo aka ce ranar ce kuma aka ɗauki cikinsa, ka ƙara wata tara sai ga ka a 25 ga Disamba. A gabas da suka riƙi 6 ga Afrilu sai nasu ya faɗa 6 ga Janairu, Armeniyawa har gobe ranar suke yi. Ni dai bayan duk karatun nan ban yarda bautar rana ba ta da hannu sam ba, don a lissafin Rumawa 25 ga Disamba ce ranar da yini ke fara ƙaruwa, kuma a ƙarni na 5 Fafaroma Leo ya yi wa mutanensa faɗa saboda suna juyawa su rusuna wa rana a matakalar cocin Bitrus. Amma Mithras shi kansa? Ban same shi a ciki ba.

Abin da ya fi ba ni kunya, shaidar da aka fi jawowa cewa da gangan aka mayar da bikin arna na Kirista, wani ne ya rubuta ta a gefen littafi da Suriyanci, tsohon yaren Kiristocin Sham, a ƙarni na 12, wajen shekara 800 bayan abin ya faru. Ni da na yi Islamiyya, aka koya min isnadi, wane daga wane daga wane, ruwaya mai irin wannan giɓi ko kallonta ba zan yi ba, amma da yake zancen ya yi min daɗi sai na haɗiye ba tauna.

Na koma na gabatar, Malam bai cire tabarau ba ko sau ɗaya. Da Disamba ta zagayo sai ga saƙon nan ya sake shigowa guruf, wani yayanmu ne ya turo, na rubuta masa "Yaya, don Allah waye ya faɗa?" Sai bayan isha'i ya amsa, wai shi ma haka aka turo masa.