Abin da saita sensar sitiyari ya koya mini a gareji

Lokacin da na shiga koyon gyaran mota a Katsina, ciwon sitiyari sananne ne. Ko man fawa ya tsiyaye, ko bel ya saki, ko famfo ya gaji. Peugeot 406, Golf 3, tsohuwar Camry, duk tafiyarsu ɗaya: ka ɗaga bonet, ka leƙa gwangwanin mai, ka saurari kukan famfo, ka gane inda abin yake. Motocin da ake shigo mana da su yanzu ta Kwatano da Legas ba haka suke ba. Corolla daga ƙirar 2009, Camry daga 2012, Accord daga 2013, in dai 'yan Amurka ne, ba za ka ga gwangwanin man fawa ba, balle famfo. Ƙaramin injin lantarki ne aka ɗaura a jikin sandar sitiyari ko a kan rak, wato ƙarfen da ke kwance tsakanin tayun gaba yana juya su, shi ke taya direba murɗawa, kwamfuta kuma ita ke gaya masa yawan ƙarfin da zai bayar. Fasahar ba sabuwa ba ce, tun 1988 kamfanin Suzuki ya sa ta a ƙaramar motarsa Cervo. Mu ne ta iso wa a makare, ta kuma same mu da sifana da guduma a hannu.

Kwamfutar nan ba ta da ido, abin da sensa, wato 'yar na'urar awo, ta faɗa mata shi ta sani. Guda biyu ne suka fi shafar aikinmu, kuma yaran gareji kan haɗa su su ɗauka ɗaya ce. Ta farko tana auna ƙarfin hannun direba. Akwai wata siririyar sandar ƙarfe a ciki da ke ɗan murɗuwa in an juya sitiyari, daga wannan murɗuwar ake gane ko direba na buƙatar taimako da yawa ko kaɗan. Ta biyu ita ce sensar kusurwa, wadda ke faɗin inda sitiyari yake: digiri nawa ya juya, dama ko hagu, da wane sauri. A motoci da yawa tana bayan kan sitiyari, manne da wayar nan mai naɗi da ke kai wuta ga ham da jakar iska. A wasu kuma tana cikin sanda ko cikin rak.

Ba sitiyari kaɗai ke cin moriyar labarin da take bayarwa ba, shi ya sa nake ɗaukar aikin da nauyi. Na'urar hana mota zamewa, wadda Toyota ke kira VSC, Honda ke kira VSA, Turawa kuma ESP, kullum tana kwatanta abu biyu: inda direba ya nufa, da inda motar ke tafiya a zahiri. Na farko daga sensar kusurwa take ji. Na biyu kuma daga sensar gudun kowace taya da wata da ke auna juyawar jikin mota. In suka saɓa, sai ta ɗauka mota na zamewa, ta kama burkin taya guda, ta rage ƙarfin inji, ba tare da direba ya taɓa komai ba. Amurka ta wajabta wannan na'ura a ƙananan motoci daga ƙirar 2012, Tarayyar Turai kuma a kan duk sabuwar mota daga Nuwamban 2014. Ke nan mafi yawan abin da ke shigo mana yanzu yana ɗauke da ita. Mutum ya ɗebi iyalinsa ya kama hanyar Daura ta Mashi, ga gudu ga kwana, rayukansu na rataye da gaskiyar lambar da sensar kusurwa ke bayarwa.

Babban abin da aikin ya koya mini shi ne, saita sensa ba gyara ba ne. Shaida ce kake bayarwa. In ka danna maɓallin saiti a sikana, wato na'urar da muke jonawa don karanta kwamfutar mota, cewa kake wa kwamfuta: yadda kika ga sitiyarin nan yanzu, nan ne tsakiya, riƙe shi a matsayin sifiri. Ba za ta yi maka gardama ba in karkatar ba ta yi yawa ba. Kamar mai sikeli ne a kasuwa da ya saita allurarsa a sifiri alhali akwai ɗan dutse a kan faranti. Duk awon da zai yi daga nan har ya tashi, da ƙwange zai fito. Fitilar gargaɗi ta dashbod za ta mutu, mai mota ya biya ya tafi yana sa albarka, amma kuskuren na nan, yanzu ma ya samu gindin zama.

Don haka ba na taɓa sikana don saiti sai ƙarfe ya daidaita. Iskar taya tukuna, gwargwadon abin da ke rubuce a jikin ƙofar direba, ba abin da mai faci ya saba bugawa ba. Sai a ɗaga mota a girgiza ƙafa, a duba tayirod da boljoyin da bushin. Ramukan da ruwan damina ke bari a hanyoyinmu ba sa barin waɗannan su daɗe. In akwai wasa a cikinsu, tsakiyar da ka saita yau ba ita za ka tarar gobe ba. Bayan nan alayimen, kuma har da ƙafar baya, domin in baya ta karkace motar kan tafi a ɗan gicciye, direba ya riƙa riƙe sitiyari a karkace don ya miƙe.

Akwai wata al'ada da nake roƙon 'yan'uwana bakanikai mu bari. In an gama alayimen aka ga sitiyari bai tsaya daidai ba, sai a kwance babban noti, a zare kan sitiyari, a mayar da shi a miƙe. Ido zai ga daidai. Amma rak ba ya tsakiyarsa, shi ya sa za ka ji motar na lanƙwasa sosai ta gefe guda, ta ɗaya gefen kuma da wuri take tokarewa. In sensar a cikin rak ko sanda take, sai ta riƙa karanta wata lamba daban da abin da ido ke gani. Gyaran gaskiya a tayirod yake: a kulle sitiyari a tsakiya, a sassauta gefe guda a ɗaure ɗayan daidai wa daida, har tayu su miƙe.

Wani dattijo ya taɓa kawo mana mota daga Daura, an canja masa rak a wani wuri. Fitilar VSC a kunne, ta jakar iska a kunne, ham ya daina ƙara. Na jona sikana na buɗe inda take nuna lambobi kai tsaye, tayu a miƙe, amma kusurwa tana nuna kusan digiri 360. Labarin ya fito fili. Sa'ad da aka raba sanda da rak ba a ɗaure sitiyari ba, ya yi juyi guda cif, aka mayar a haka. Wayar nan mai naɗi juyi kusan biyar kawai take iya ɗauka, biyu da rabi kowane gefe, da aka kai sitiyari ƙarshe sai ta tsinke.

Ya ce, "Injiniya, sauri nake. Ka goge mini fitilun nan kawai, in na dawo a yi sauran."

Na ce, "Ranka ya daɗe, ko na goge dawowa za su yi. Kuma ba fitilar ce damuwata ba. Yadda motar nan take yanzu, Allah ya kiyaye, in aka yi karo jakar iskar da ke gabanka ba za ta buɗe ba."

Ya yi shiru, sannan ya ce a yi abin da ya kamata. Na lura mutanenmu ba ƙin gyara suke ba. In ka juya musu fuskar sikana suka ga lambar da idonsu, ka murɗa sitiyari suka ga tana motsi, ka yi bayani da Hausar da za su gane, da wuya ka ga wanda zai ƙi. Tun daga nan ba na ɓoye wa mai mota allon.

Wannan duba lambobi kai tsaye shi ne rabin aikin. Kafin in goge komai nakan ɗauki hoton lambobin matsalar da kwamfuta ta ajiye da waya, domin in ka goge ka rasa shaidarka. Sannan in murɗa sitiyari a hankali daga ƙarshe zuwa ƙarshe ina kallon allo. Lafiyayyar sensa lambarta kan hau a jere, ta sauko a jere, ta sauya alama in an tsallake tsakiya, juyi guda kuma ya ba da 360. In tana tsalle, ko ta daskare, ko ta ɓace ta dawo, to ba saiti take nema ba. Ko ta mutu, ko waya ta yi rauni, ko ƙurar hunturu da tsatsa sun cika soket. Lambobin matsalar ma kowace da inda ta dosa. A Toyota, C1231 na nuni ga layin sensar kusurwa. C1515 na cewa ba a saita sifirin sensar ƙarfin hannu ba, C1516 kuma an fara ba a kammala ba. C1210 da C1336 sun shafi sifirin masu auna juyawar jikin mota da raguwar gudu. Aiki daban-daban ne, kowanne da gurbinsa a cikin sikana, kuma wanda bai rarrabe su ba, zai wuni yana saita abin da lafiyarsa lau.

Batir ma ya sha ruɗa mutane. Zafin Afrilu a Katsina ba ya raga wa batir, injin sitiyarin kuma mai cin wuta ne, musamman in mota na tsaye ana murɗawa. Lafiyayyen batir a hutawa yana kusa da bolt 12.6, in inji na aiki kuma tsakanin 13.5 da 14.5. In wuta ta yi ƙasa, kwamfuta kan rage taimako ko ta yanke shi, sitiyari ya yi tauri, fitila ta kama. Sau da yawa kan batir ne ya yi gishiri, ko wayar da ke kama jikin mota ta saki. Mita nake fara ɗorawa kafin in zargi sensa, kuma ba na fara saiti da batir mai rauni, don kada wuta ta faɗi ana tsakar aiki.

Sai maganar wuri. Galibin garejojinmu ƙasa ce, nan tudu nan kwari. Saitin sifirin masu auna motsin jikin mota yana son shimfiɗaɗɗen wuri, giya a fakin, kuma kada motar ta motsa ko kaɗan. Mun zuba siminti daidai faɗin mota guda, muka gwada shi da lebur, don wannan aikin kawai. In an fara, babu mai jingina, babu mai buga ƙofa. In kuma sensar ƙarfin hannu ake saitawa, hannu ba ya taɓa sitiyari, domin ɗan nauyin yatsa ma za ta riƙe shi a matsayin sifiri, daga baya sitiyari ya fi sauƙi ta gefe guda.

Kowane kamfani da hanyarsa. Wasu motocin Volkswagen, in an cire batir, murɗa sitiyari ƙarshe zuwa ƙarshe da 'yar tafiya a miƙe kan isa fitila ta mutu. Wasu Toyota kan koyi tsakiya da kansu a kan hanya. Wasu kuwa sai da na'ura, ko Techstream na Toyota, ko HDS na Honda, ko irin su Launch da Autel da suka fi yawa a hannunmu. Ƙaramar sikanar nan mai arha da ke karanta inji kaɗai ba ta shiga sashen sitiyari da burki, kada a yaudari mai mota da ita. Akwai kuma dabarar haɗa ramuka biyu na soket ɗin OBD, inda ake jona sikana, da guntuwar waya, na 4 da na 12 a wasu tsofaffin Toyota. Tana aiki, amma ba na barin yaro ya yi ta. Soket ɗin rami 16 gare shi, a ƙarƙashin dashbod cikin duhu, na 16 ɗin wutar batir ce kai tsaye, na 6 da na 14 kuma layin da kwamfutocin mota ke magana da juna. Kuskuren rami guda na iya ƙona abin da kuɗinsa ya ninka na sikana.

Yaran da ke hannuna nakan matsa musu su karanta abin da allo ya rubuta kafin su danna. Turancin ba mai zurfi ba ne, kalmomi ne 'yan kaɗan da ke maimaituwa, wanda ya gama sakandare zai iya. Nakan kuma hana su taɓa bayan sitiyari sai an cire kan batir an jira. Toyota ta ce aƙalla daƙiƙa 90, saboda ragowar wutar da ke iya tayar da jakar iska a fuskar mutum. In za a raba sanda da rak, a ɗaure sitiyari da bel ɗin kujera. In za a sayo sensa ta hannu, a tafi da lambar da ke jikin tsohuwar, domin kamannin waje ba ya nuna cewa ciki ɗaya ne, kuma ita ma sai an saita ta bayan an ɗaura.

Aiki ba ya ƙarewa a kan siminti. Nakan sa yaro ya zauna a gefe da sikana a cinya, mu fita miƙaƙƙen titi ta wajen Ƙofar Ƙaura lokacin da babu cunkoso. Ina so in ga abu kaɗan: a tafiya miƙe lambar na wasa kusa da sifiri, sitiyari na dawowa tsakiya da kansa bayan kwana, nauyinsa ɗaya ne dama da hagu, fitilar zamewa kuma ba ta ƙyaftawa a kwanar da babu santsi. In muka dawo sai in kashe mota, in sake tayarwa, in sake karanta duk sassan. Sannan in rubuta wa mai mota abin da aka yi a takarda, in gaya masa duk ranar da aka sake yi masa alayimen, ko aka canja rak ko tayirod, ko ya faɗa babban rami har sitiyari ya karkace, ya kawo a duba lambar ko da fitila ba ta kama ba.