Mako na shida ina tura akwati: inda na kai da Sokoban a Spectrum

'Yan uwa masu koyo, barkanmu da war haka. A wasan kwamfuta da nake rubutawa, ɗan dakona, wato mutumin da ɗan wasa ke juyawa, ya fara tafiya, akwatuna suna turuwa, kuma wasan yana gane an ci. Sai dai abin da na ɗauka zai ba ni wuya ba shi ne ya ba ni ba.

Ga wanda bai san wasan ba, Sokoban daga Japan ya fito. Hiroyuki Imabayashi ne ya ƙirƙire shi, kamfanin Thinking Rabbit ya fitar da shi a 1982 a kan kwamfutar NEC PC-8801, sunan kuma yana nufin mai kula da sito. Dokarsa ba ta da yawa: ka tura kowane akwati zuwa gurbinsa, ɗaya-ɗaya, ba ka ja, ba ka haɗa biyu ka tura. Ni kuwa na ce sai na sake rubuta shi da BASIC, yaren rubuta manhaja na ZX Spectrum, 'yar kwamfutar nan ta Ingila da ita ma ta fito a 1982. Ba ni da ta gaske, da manhajar Fuse nake aiki, wadda ke kwaikwayon na'urar har da nawarta.

Zane bai ci mini lokaci ba. Allon Spectrum gida-gida ne, 32 a kwance 24 a tsaye, kowane gida ɗigo takwas sau takwas, kuma launi biyu kawai yake ɗauka. Ga wasan gudu da harbi wannan takura ce, ga Sokoban kuwa kamar don shi aka yi. Na zana bango, akwati, gurbi da ɗan dako a takarda mai gidaje, na mai da kowane layi lamba tsakanin 0 da 255, na cusa da POKE, umarnin da ke saka lamba kai tsaye a ƙwaƙwalwar na'ura. Ɗan dakon ya fi kama da kwaɗo, amma na bar shi haka.

Kuskuren farko da ya kama ni: na zuba komai a jadawali guda. Da akwati ya hau gurbi, na sake tura shi gaba, sai gurbin ya ɓace, don akwatin ya goge shi. Kwana biyu ina kallon layukan umarnin da na rubuta kafin na farga. Maganin shi ne raba abin da ba ya motsi, wato bango da gurbi, da abin da ke motsi. Ku fara da haka tun farko ku huta. Sannan kada ku sake zana allon duka bayan kowane taku. Na yi, har sai da na riƙa ganin sito yana saukowa layi-layi. Gida uku ne kawai ke iya canzawa: inda ka baro, inda ka taka, da inda akwatin ya faɗa.

Sai batun maɓalli. Na ɗauki Q da A don sama da ƙasa, O da P don hagu da dama, kamar yadda wasannin lokacin suka saba. INKEY$, mai karanto maɓallin da aka danna, ba ya jira, yatsa ya ɗan daɗe kaɗan sai taku ɗaya ya zama biyu, akwati ya shige lungu. Layi guda na ƙara, wanda ke tsayawa har a saki maɓallin. Wata rana kuma na bar kafa a bango, ɗan dako ya fice daga sito, na'ura ta tsaya cak da saƙonta na "3 Subscript wrong", wato an nemi gidan da babu a jadawali. Dariya kawai na yi.

Duk wannan cikin mako biyu aka gama. Sauran huɗun a kan tsara matakan wasa suka tafi, kuma nan ne aikin yake.

Mataki na farko da na tsara, da ido rufe ake cinsa. Na biyu na cika shi da akwati bakwai ina jin na yi abin kirki, ashe ba ya ciwuwa ko kaɗan: akwati ɗaya na jingine da dogon bango wanda babu gurbi a jikinsa, tun kafin a taɓa maɓalli an riga an faɗi. Daga nan na fara rubuta ire-iren maƙalewa. Akwati a kusurwa ya mutu. Biyu kafaɗa da kafaɗa a jikin bango sun mutu tare, ko da kowanne shi kaɗai zai fita. Huɗu a dunƙule, babu mai motsi. Abin haushin shi ne wasan ba ya gaya maka, kana iya yin taku hamsin kana murna alhali tun tuni aka binne ka.

Dabarar da ta cece ni ita ce farawa daga ƙarshe. Ina ɗora akwatunan a gurabensu a takarda, da wasu 'yan maɓallan riga a madadinsu, sai in riƙa ja da baya, abin da wasan ya hana. Duk inda suka tsaya, na tabbata akwai hanyar komawa. Wannan ya ba ni matakan da ke ciwuwa, amma bai sa sun yi daɗi ba. Wanda na fi so yanzu akwati uku ne kacal a ɗan ƙaramin ɗaki, kuma sai ka fitar da na farko daga gurbin da ya riga ya shiga kafin na ƙarshe ya samu hanya. Ƙanwata ta yi kusan rabin awa a kansa, ta ce na yi mata mugunta da gangan. Ni dai na ji daɗin wannan zagin.

A ganina Sokoban ba tare da komawa baya ba azaba ce kawai, don haka shi nake yi yanzu. Kowane taku ina ajiye shi a matsayin harafi, ƙarami idan tafiya ce, babba idan an tura akwati. Ajiyewar tana aiki. Komawar ce har yanzu take jawo akwatin da ba shi aka tura ba idan biyu suna maƙwabtaka, kuma ina zargin wani layi da na rubuta da tsakar dare.