Na ajiye admin, ga abin da ya tsaya min a rai

Jiya na miƙa admin ɗina bayan shekara biyu a sabarmu (server) ta SA-MP, wato gem ɗin GTA San Andreas da mutane da yawa ke bugawa tare ta intanet, aikin da ko sisi ba a biya, datata da barcina ne kawai suka tafi. 'Yan Discord ɗinmu duk sun san maganar daren Ganton, to bari in faɗi nawa ɓangaren.

'Yan ƙungiyar Ballas ne suka kawo hari Ganton, unguwar abokan gabarsu 'yan ƙungiyar Grove a cikin gem ɗin, ana tsaka da ruwan harsashi sai wani yaro ɗan Grove ya ɓace ɓat daga gem. Kun san doka, wanda ya fita ana faɗa gudu ya yi don kar a kashe shi ya rasa makamansa. Shugaban Ballas ya turo bidiyo na sakan ashirin, mai saba ya biyo ni inbos wai in yi abin da ya dace, ni kuma ƙarfe biyun dare ido na rufewa na maka wa yaron ban, wato na hana shi shiga sabar, na kwana talatin, aka ba Ballas unguwar.

Sai bayan kwana uku na buɗe log, wato rajistar da saba ke rubuta shiga da fitar kowa. Wallahi ƙarara yake a rubuce, layinsa ne ya yanke, ba /q na fita da gangan ya danna ba, SA-MP tana bambanta biyun kuma na san haka sarai. Wuta aka ɗauke masa, kwamfutar yayansa ce ta tebur ba batir. Ni da NEPA ta sha yi min wannan tsiyar! Wata takwas yaron yana gina ɗan wasansa, direban tasi ne mai bin bashi, ko zagi bai taɓa yi wa kowa ba.

Na je wa mai saba da hujja, ya ce an riga an yanke hukunci. Ashe shugaban Ballas ne ke biyan kuɗin hayar sabar duk wata, kowa ya sani sai ni. Na cire ban ɗin da kaina, aka rage min matsayi, yaron kuma bai sake shigowa ba.

Sabbin admin, ku buɗe log kafin bidiyo, kar ku yi shari'ar ƙungiyar da kuke wasa a cikinta, kar ku yanke hukunci da dare. Ku kuma tambayi wa ke biyan haya tun ranar farko.

Ganton dai har yau launin Ballas ne a taswira, sai su ci gaba da riƙo.